Shekarar da Na Ari Muryar Mahaifina

Safiya da Bilal, akwai labarin da kuka tashi kuna ji a gidan nan, cewa na bar wasan talabijin ɗin nan na mai shago ne saboda Safiya ta dawo daga makaranta tana kuka. Duk wanda ya tambaye ni haka nake gaya masa, har mutanen masallacinmu na Morris Heights suka ɗauka suna ba da misali da ni idan ana maganar uba mai kishin 'ya'yansa. Gaskiya ne Safiya ta yi kuka, amma ba shi ne dalilin ba. Yanzu da na haye sittin, likita kuma ya fara yi mini maganar zuciya, gara in faɗi yadda abin ya kasance da bakina. Da Hausa zan rubuta, ko da sai kun nemi mahaifiyarku ta taya ku karantawa.

Sai na fara da kakanku, wanda ba ku taɓa gani ba sai a hoton nan na falo. Daga Hong Kong ya zo Kano yana saurayi, makanikin injuna a wani kamfanin kwanuka da ke Bompai. Sauran Sinawan da suka zo tare suna zaune a gidajen kamfani, suna dafa abincinsu, idan wa'adinsu ya cika su koma ƙasarsu. Shi bai koma ba. Ya musulunta, ya zaɓi suna Musa, ya auri Inna, 'yar wani tela a Fagge, ya kama gida a lungun surukinsa. Ya iya Hausa sosai, har karin magana yake yi, amma harshensa bai taɓa yarda da harafin "ra" ba har ya koma ga Allah. Ni Haruna, a bakinsa Haluna ne. Ruwa luwa ne, rana lana. Yaran unguwa kuwa sun samu abin wasa. Da ya ɓullo daga bakin titi da yamma, hannunsa duk baƙin mai, sai su bi shi a baya suna cewa, "Malam Musa, ina luwa? Malam Musa, lana ta faɗi!" Shi kuma sai ya sunkuyar da kai, ya sosa ƙeya, ya yi wata 'yar gajeriyar dariya sau uku, he-he-he, kamar shi ma abin ya ba shi nishaɗi. Inna ce ke fitowa zaure da muciya a hannu ta watsa su. Ni ina jin kunyarsa, ba zan ɓoye muku ba. Idan za mu masallacin Juma'a nakan bari ya yi gaba, in biyo shi daga nesa, ko da yake fuskata ta riga ta faɗa wa kowa ɗan wane ne ni. Ina ɗan shekara goma sha tara ya rasu, aka binne shi a Kano, kuma ban taɓa tambayarsa komai game da dariyar nan ba.

Yadda na zo New York da yadda na bar karatun da ya kawo ni na faɗa wasan kwaikwayo, kun sha ji. Abin da ba ku sani sosai ba shi ne irin zaman da na yi a sana'ar kafin ku yi wayo. A ɗakin gwaji, inda ake zaɓen 'yan wasa, su ga fuskar Basine ta shigo, in buɗe baki sai Turancin Kano ya fito, irin wanda bai raba "fi" da "pi" ba. Sai su duba takarda, su dube ni, su sake duba takarda. Idan ana neman ɗan Afirka, fuskata ta hana. Idan ana neman ɗan Asiya, muryata ta hana. Sai da na yi shekara biyu ina zuwa wurin wata malama tana wanke mini harshe har na iya magana kamar wanda aka haifa a Ohio. Wakiliyata, wato mai nemo mini aiki, wata dattijuwa ce mai suna Doris, mai shan taba kamar bututun jirgi. Ita ta yanke Haruna ta mayar da shi Harry. Shekara goma sha biyar na yi a hannunta ina fitowa a matsayin mai kawo abinci a keke, ko likitan da zai shigo ya faɗi jimla ɗaya ya fita, ko ɗan daban da za a jefo ta taga. Sau biyu na yi gawa a wasan 'yan sanda. Sauran kwanakin ina tuƙa motar haya.

A tsakiyar wannan na haɗu da mahaifiyarku, Rabi, 'yar Zangon Kumasi, a wani shagon kayan abincin Afirka. Na ji tana ciniki da Hausa na ce mata, "Baiwar Allah, wannan doyar ta kwana biyu, ɗauki waccan." Ta waiwayo ta ga fuskata, sai doyar ta suɓuce daga hannunta. Aikinta kula da tsofaffi ne a gidajensu, wanka da ɗagawa da kwantarwa, kuma a kan wannan aikin gidanmu ya tsaya, ba a kan gawar da nake yi a talabijin ba.

A shekarar da nake ba ku labari Safiya tana da goma sha ɗaya, Bilal yana da bakwai. Doris ta kira ni ta ce za a fara wani wasan barkwanci na mako-mako a kan mazauna wani layi, ana neman mai shagon kusurwa, ɗan Sin, wanda zai fito a kusan kowane kashi. Na je gwajin na karanta da Turancina wankakke. Daraktan, wani matashi mai fara'a, ya ce ya yi kyau, sannan ya ƙara da wata tambaya.

"Za ka iya sa shi ya zama kamar bai daɗe da zuwa ba? Ka gane ai. Kamar daga can."

Na gane. Matsalar ita ce ni ban iya Sinanci ba, kalmomin da na sani ba su fi goma ba, rabinsu sunayen abinci ne. Basine ɗaya tak na san muryarsa ciki da waje a duniya. Ban zauna na yi shawara ba, kada in yi wa kaina ƙarya ko in ƙara wa laifina gishiri. Na dai buɗe baki ne sai ga shi ya fito: harafin da ya ƙi zama, kan da ke sunkuyawa, hannun da ke tafiya ƙeya, da he-he-he sau uku a ƙarshe. Mutum biyar ne a ɗakin, duk suka kwashe da dariya, wata har da share hawaye. Kafin in isa tashar jirgin ƙasa Doris ta kira ta ce an ɗauke ni.

Ba zan raina abin da aikin nan ya kawo ba. Karo na farko muka samu inshorar lafiya ta ƙungiyar 'yan wasa, mahaifiyarku ta je aka duba gwiwarta da ta daɗe tana damunta, aka ce za a yi mata aiki idan an shirya. Ta ajiye aikin Asabar da Lahadi. Muka fara zuwa duba wani ɗan gida a Soundview mai fili kaɗan a baya, inda ta riga ta raba a ranta inda za ta shuka ayoyo da inda za ta shuka barkono. A cikin jirgin ƙasa mai lamba huɗu mutane suka fara gane ni, su matso su ce in yi musu dariyar mai shago, ni kuma in yi. Ku ji wannan da kyau: ina jin daɗi. Mutumin da ya shekara goma sha biyar ba wanda ya san sunansa, ranar da direban bas ya ƙi karɓar kuɗinsa don ya gan shi a talabijin, ba ya tsayawa tambayar kansa daga ina dariyar ta fito.

Wasan bai fi wata biyu da farawa ba Safiya ta dawo daga makaranta ta wuce ɗaki ba sallama. Na same ta a kan gado da jakarta a baya. Wasu yara ne suka tare ta a wurin cin abinci, suka ja gefen idanunsu da yatsu, suna sosa ƙeya suna he-he-he. Na yi mata magana da Hausa ta amsa da Turanci, kamar yadda kuka saba.

"Baba, me ya sa kake magana haka a ciki? Ai ba haka kake magana ba."

"Aiki ne, Safiya. Wasa ne kawai. Su ma don sun ga babanki a talabijin ne nasu ba ya ciki."

Na fita da ita na saya mata askirim, ta yi shiru, na ɗauka magana ta ƙare. Washegari na tafi wurin ɗaukar wasa na yi dariyar nan sau tara a gaban kamara. Na ci gaba da yi har wata biyar bayan kukanta. Safiya, ki riƙe wannan lissafin, domin shi ne shaidar da ta fi kowace: da kukanki ne ya fitar da ni, da a makon na fita.

Abin da ya fitar da ni, ni na aika shi Kano da hannuna. Akwai wani Alhaji, direba a ofishin jakadanci, da zai je gida hutu. Na sa aka zuba mini kashi shida na wasan a faifai, na haɗa da turare da magungunan Inna na ba shi. So nake a gani a Fagge cewa ɗan Malam Musa ya zama wani abu. Bayan mako biyu, ranar Lahadi da hantsi, na kira gida. Ƙanwata Talatu ta ɗauka. Na tambaye ta ko saƙo ya iso, ta ce ya iso, na ce kun kalla, ta ce ga Inna. Daga nan na san akwai magana, don Talatu ba ta gajarta zance.

Inna ba ta kiran sunana, ni ne ɗan fari. Muka gaisa, ta tambayi Rabi da yara da sanyi, sannan ta ce:

"Na ga aikin naka."

"To Inna, yaya kika gani?"

"Ni ba Turanci nake ji ba, ban san abin da kuke faɗa ba. Amma na ga Malam. Har sosa ƙeyar, har dariyar. Allah ya ba ka basira, ɗan nan. Da ka fito sai da na miƙe tsaye."

Ba faɗa a muryarta, kamar tana ba ni labarin farashin gero.

"Su wane ne masu dariyar nan da ba a nuna su?"

Na ce mata 'yan kallo ne da ake tarawa a zauren da muke ɗaukar wasan.

"Su nawa?"

"Za su kai ɗari biyu. Ban da na gidaje."

"Na gidajen fa?"

"Ba su ƙirguwa, Inna."

"To. Yaran Fagge dai ba su fi goma ba, kuma ina da muciya."

Na fara cewa ba Baba nake nufi ba, wani mutum ne daban aka rubuta, sai ta katse ni.

"Ka san abin da ya sa yake wannan dariyar?"

Na ce ban sani ba.

"Saboda kai. Ya ce idan ka ga ransa ya ɓaci, za ka tashi kana dambe da duk unguwa, kuma kai kaɗai ne mai irin fuskarka, ba mai shigar maka. Shi ya sa yake dariya a waje. In ya shigo ɗaki kuwa, ranar ba ya cin tuwo. Ni ke kwashe kwanon."

Daga nan ta ce in gaida Rabi, in shafa kan yara, ta miƙa wa Talatu wayar.

Ban gaya wa kowa ba. Saura kashi huɗu a gama zangon farko, na je na yi su, don na riga na sa hannu. Amma duk lokacin da aka zo wurin dariyar sai ta ƙi fita daidai, har darakta ya tambaye ni ko mura nake yi. Da aka gama na nemi ganin furodusa, mai wasan gaba ɗaya. Na roƙe shi a sassauta mutumin: a bar shi da shagonsa da rowarsa, amma a cire dariyar, a bar shi ya yi magana kamar wanda ya shekara talatin a garin, tunda haka aka rubuta shi. Ya saurare ni da mutunci, har ya zuba mini shayi da kansa. Ba mugu ba ne, kada ku ɗauke shi haka. Ya ce mutane suna son mai shagon, dariyar ce ma ake sakawa a tallan wasan, kuma ni na kawo ta, ba su suka rubuta ba. Wannan gaskiya ce. Ya ce sabon kwantiragi na shekara uku yana ofishin Doris, da ƙari a kai.

Ranar Alhamis na je ofishin Doris na ce ba zan sa hannu ba. Ta kashe tabarta ta dube ni ta saman tabarau.

"Harry, shekara arba'in ina wannan aikin. Hotunan masu irin fuskarka da ke jiran wayata sun cika wancan kabad ɗin. Irin wannan kiran sau ɗaya yake zuwa. In ka ƙi, wani zai yi, kuma zai yi shi fiye da naka muni. Me ka gyara?"

"Ban ce zan gyara komai ba. Ni dai ba zan iya ba."

"Ka yi magana da matarka?"

Na ce mata eh. Ƙarya ce ta farko a wannan makon, ba ita ce babba ba.

Sai ranar Asabar na gaya wa mahaifiyarku. Tana kicin tana dafa wake da shinkafa irin na Kumasi, Bilal yana falo yana kallon katun, Safiya tana teburin cin abinci tana aikin makaranta, tsakaninta da mu bai fi taku huɗu ba. Na tsaya a bakin ƙofa na ce ba zan koma wasan ba. Rabi ta rage wuta ta juyo.

"Ei. Ba za ka sa hannu ba, ko ka riga ka ƙi?"

"Na riga na ƙi."

"Yaushe?"

"Shekaranjiya."

"Baban Safiya, kwana biyu kana cin abincina da wannan magana a cikinka? Gidan fa? Gwiwata fa? Ni ba mutum ba ce da za a tambaya koraa, ko sau ɗaya?"

Ta ajiye ludayi ta ci gaba.

"To faɗa mini dalili. Ko korar ka suka yi kake ɓoyewa? Me ya faru?"

A nan ne ya kamata in ce: na ɗauki abin da ubana ya yi don ya kare ni na kai kasuwa, uwata ta gani ta gane. Jimla ɗaya ce. Amma a lokacin ji nake gara a yanka ni da in furta ta a gaban matata da 'yata. Na waiwaya na ga Safiya ta ɗago kai daga littafinta tana kallonmu, sai na nuna ta na ce:

"Saboda yarinyar nan. Ba zan bari a riƙa yi mata dariya a makaranta ba."

Rabi ta dubi Safiya, ta dube ni, ta juya ga tukunyarta. Ba uwar da za ta tsaya a gaban 'yarta tana cewa gida ya fi hawayenta. Na san haka, shi ya sa na faɗa. Na rufe bakin matata da 'yata, kuma na fita daga kicin ɗin a matsayin uban kirki.

Abin da ya biyo baya kun gani da idonku, sai dai kuna yara. Gidan Soundview wasu suka saya. Bayan shekara inshorar ta ƙare, aikin gwiwa ya koma sai wata rana. Rabi ta koma aikin ƙarshen mako, kuma wanda ta samu a Port Richmond yake, wurin wata tsohuwa mai zama a bene na uku ba lif. Bas, jirgin ƙasa, jirgin ruwa, sannan wani bas ɗin, awa biyu zuwa awa biyu dawowa, da gwiwar da ke kumbura kamar ƙwarya. Ni na koma motar haya, fasinjoji suna leƙo fuskata ta madubi suna cewa in yi musu dariyar. A wasan kuma aka ce mai shago ya tafi ƙasarsu, ɗan ɗan'uwansa ya karɓi shagon. Wani matashi haifaffen Queens ya hau, ya yi shekara huɗu yana irin maganar da ko kakarsa ba ta yi, ya sayi gida. Mutumin kirki ne, har yau muna gaisawa. Doris ta yi gaskiya, ban gyara komai ba.

Da na kira Inna na gaya mata na bari, ban samu yabon da nake tsammani ba.

"To. Me za ku ci?"

"Allah zai kawo, Inna."

"Allah zai kawo, amma Rabi ce za ta ɗauko. Ka riƙe ta da kyau."

Ba ta sake tayar da maganar ba har ta rasu bayan shekara huɗu.

Rabi ta ji gaskiyar ne daga bakin Talatu, wajen wata shida da faruwar abin, suna hira a waya. Da ta ajiye ta same ni ina wanke mota a bakin titi. Ba ta ɗaga murya ba. Ta ce da na faɗa mata tun farko da ta yi fushi na mako guda ta haƙura, don ita ma tana da uba. Sannan ta ce in je in gaya wa yarinyar. Na ce zan gaya mata idan ta ƙara girma. Ita Rabi ta sha ce wa Safiya ba laifinta ba ne, amma yaro ya san bambancin lallashi da bayani, kuma bayanin a bakina yake. Na ce sai ta gama firamare. Na ce sai ta gama sakandare. Ana nan labarin ya bazu, mutane suna yaba mini, ni kuma na saba da yabon.

Ina gani kuwa Safiya ta canja. Yarinyar da da ba ta shiga shago ta fito hannu wofi ta daina roƙon komai. Takalminta ya matse ta har ya yi mata kanta a yatsa ba ta faɗa ba, sai uwarta ce ta gani a wurin alwala. Duk ranar da Rabi ta dawo daga Port Richmond tana ɗingishi, Safiya ce ke tashi ta dafa ruwa ta gasa mata gwiwa, ba ta kallon kowa. Tana da sha shida ta kama aiki a kantin magani. Da lokacin jami'a ya yi, ta samu wata mai nisa da take so, ta ce ita ta kusa ta fi mata, don ta riƙa kwana a gida. Na san bashin da take biya, na kuma san ba ita ta ci ba. Na yi shiru.

Sana'ar ba ta mutu ba, ta dai sauya hanya. Doris ta yi kusan shekara biyu tana fushi da ni, sannan ta fara tura ni aikin murya, inda za a rufe ka a wani ɗan ɗaki da makirfo ba mai ganin fuskarka. Na yi tallan katifa, na yi tsohon agwagwa mai gadin tafki a wani katun na yara har shekara shida, na yi sarakuna da 'yan fashi a wasannin kwamfuta, na karanta littattafai ga masu saurare. Har sanarwar rigakafi na yi da Hausa, wadda ake sakawa a asibitocin unguwanninmu, tsofaffin Zango suna ji suna cewa wannan Bakano ne tsantsa. Da wannan aka samu inshora ta dawo, aka yi wa Rabi aikin gwiwa bayan shekara bakwai, lokacin da likita ya ce an makara, za ta rage ciwo amma ɗingishin ya zauna. Daga baya zamani ya juya, aka fara rubuta wa masu irin fuskata matsayin mutane sosai. Na yi alƙali, na yi uban amarya a wani fim da kuka je kallo da abokanku. Yanzu matasan 'yan wasa 'yan asalin Asiya sukan gayyace ni taronsu, su gabatar da ni a matsayin wanda ya ƙi tun kafin ƙi ya zama ado. Nakan gode musu in zauna. Ban taɓa gaya musu cewa abin da na ƙi ɗin ni na ƙirƙiro shi ba.

Ban yi nadamar barin wasan ba. Ko yau aka dawo da takardar ba zan sa hannu ba. Nadamata biyu ce: na yanke hukunci a kan gidan mutum huɗu ni kaɗai, sannan na ɗora wa yarinya 'yar shekara goma sha ɗaya kayan da nawa ne. Safiya, ba ki raba mu da gida ba, ba ki lalata ƙafar uwarki ba, ba ki tsayar da aikin ubanki ba. Ke dai kin yi tambayar da ta dace, ubanki ya saya miki askirim. Ki yafe mini. Bilal, kai ma ka sha faɗa wa yayarka magana a kan wannan idan kuna faɗa kuna yara, ba laifinka ba ne, abin da ka ji a bakina ka maimaita. Amma yanzu ka sani, ka kira ta.

Da na gama rubuta wannan labarin jiya da la'asar, na karanta wa mahaifiyarku tun daga farko, tana zaune ta miƙe ƙafarta a kan kujera tana gyaran ayoyon da ta sayo. Ba ta katse ni ba ko sau ɗaya. Da na kai ƙarshe na tambaye ta ko akwai abin da na faɗa ba daidai ba. Ta ce benen tsohuwar Port Richmond na huɗu ne, ba na uku ba. Na ce zan gyara. Ta ce in bar shi, ita ta hau, ita ta sani.

"Amma akwai abin da za ka ƙara," in ji ta. "Yadda ka rubuta, za su ɗauka na haƙura tun a bakin motar nan. Ka rubuta cewa shekara uku na yi ban yafe maka ba. Ina dafa maka abinci, ina wanke maka kaya, ina amsa gaisuwarka, amma ban yafe ba. Su sani ana iya zama da mutum a haka, kuma ana iya wucewa."

Na ce, "A ta huɗun fa, me ya faru?"

"Ba abin da ya faru. Na gaji ne."

Ta miƙo mini tiren ta ce in kai kicin in ɗora ruwa. Na kai, na ɗora, sannan na dawo na rubuta kamar yadda ta ce.